Jirgin Bature Da Bai Iso Tsibirinmu Ba

Litinin: daga tsibiri zuwa Gaya

Ƙarfe biyar saura kwata na asuba muka bar gida, ni da abokina Idi Sorko, masunci. Ni kafintan jiragen ruwa ne, shekara talatin ina wannan aiki a tsibirinmu da ke ƙasan Tunuga. Abin da ya tashe mu shi ne labarin wani ƙaramin jirgi mai ɗaki da wani Bature ya bari a Gaya, aka ce mai garkar, wato lambun, da yake ajiye a ciki za ta ba duk wanda zai iya ɗauke shi.

Sai na faɗi dalilin da ya sa na ɗora rai a kansa. Daminar bara ƴata Hauwa'u ta rasu a kwale-kwale, tana naƙuda, muna kan hanyar likita. Ruwan sama ya dake mu awa huɗu, ba abin rufa sai tabarma. Ni na haɗa kwale-kwalen da hannuna. Tun ranar nake neman jirgi mai rufi.

Mun ƙetara zuwa tudu, muka yi sallah a Tunuga, ƙarfe shida da rabi muka hau kabu-kabu biyu. Kilomet ashirin da ƴan kai ne, amma hanyar ta ci mana awa ɗaya da kwata. A shingen shiga gari jandarma ya duba katinmu, ya ce, "Baba, ina zuwa da guduma da zarto?"

Na ce, "Jirgi za mu ɗauko."

Ya yi dariya ya ce, "Allah ya ba da sa'a."

Talata: a garkar Hajiya Bibata

Mun kwana gidan wani ɗan'uwan Idi. Da hantsi muka isa garkar, a bakin gulbi, can sama da gadar Malanbil. Hajiya Bibata tsohuwa ce mai fara'a, marigayi mijinta ne ya yi wa Baturen gadi. Ta kawo mana dambu da kopto, wato kwaɗon zogale, ta ce, "Malam, shekara goma sha ɗaya yana nan. Mai shi ya ce zai dawo, bai dawo ba. Na sayar da filin, ranar Juma'a magina za su shigo. In ba ku ɗauka ba, fasa shi za su yi."

Jirgin yana kan tayoyin mota a gindin mangwaro, fari ne da ya koma ruwan ƙasa. Na auna shi: mita shida tsawo, faɗi biyu da ɗan wani abu. Ba katako ba ne. Fibar ake ce masa, zaren gilashi ne da aka jiƙa da wani irin danƙo ya daskare. Na shafa jikinsa daga kai har gindi, ban sami ƙusa ko ɗaya ba, ban ga inda aka haɗa allo da allo ba. Kamar ƙwarya ɗaya aka fafe.

Da na tura murfin ɗakin na sauka matakala biyu, sai na ga abin da nake nema. Gado biyu ne, dama da hagu, kowanne ya ishi babba ya miƙe. Ga tagogi ƙanana da ruwa ba ya shiga, ga ɗan kwanon wanke hannu, ga ma'ajiya a ƙarƙashin kowane gado. Na zauna a gadon hagu na daɗe. Idi ya leƙo, ya gan ni, ya koma waje.

A baya akwai wurin zaman matuƙi, da ramuka biyu da ruwa ke tsiyayewa da kansa, da allon juya jirgi mai dogon hannu, da wani maƙali na ɗaura injin. A tsakiya akwai dogon ƙarfe mara nauyi, mita bakwai, wayoyi huɗu na riƙe da shi, nan ake ɗaga ƙyallen da iska ke turawa. Ƙyallen kuwa ɓeraye sun gama da shi.

Idi ne ya durƙusa ya ga abin da ni ban so in gani ba. Ya ce, "Sani, zo ka duba cikinsa."

Wani faifan ƙarfe ne mai kauri ya zaro daga ƙasan jirgin, ya kai tsawon hannuna har kafaɗa. Shi ke hana iska kifar da shi. Idi ya ce, "Wannan na ruwa mai zurfi ne. Gulbi ya janye, yanzu saniya ma tana ƙetarawa a wasu wurare."

Na ce, "Mu cire shi."

Mun yi ta fama har la'asar. Kusoshin sun ci tsatsa sun zama ɗaya da jikin, in na buga da ƙarfi sai fibar ɗin ta yi ƙara kamar za ta tsage. Na ajiye guduma. Idi ya ce ya san hanyar ruwa, za mu lallaɓa.

Laraba: a kan ruwa

Ƙarfe bakwai mutum goma sha takwas suka taya mu mirgina shi a kan itatuwa zuwa gulbi. Ya zauna a ruwa daram, ko ɗigo bai shiga ba. Ban ɓoye ba, na yi murna. Muka ɗaura ɗan injin da mai garinmu ya aro mana, wanda muka taho da shi daga tsibiri, muka tashi ƙarfe takwas da minti ashirin. Hajiya tana bakin gaɓa tana cewa, "Allah ya sa a haifi ƴaƴa lafiya ta dalilinsa."

Kafin gadar Malanbil, wadda ake ƙetarawa zuwa Benin ta kanta, muka kwance wayoyi biyu, muka kwantar da dogon ƙarfen, don gindinsa a kan ƙusa ɗaya yake juyawa. Sojoji suka tsayar da mu, ɗaya ya shiga ɗakin ya duba, ya fito yana cewa, "Wannan ai ambilans ce." Suka sallame mu ƙarfe goma.

Daga nan wahala ta fara. Sau uku faifan ƙarfen yana kafewa a yashi, muna sauka ruwa iya ƙirji muna turawa. Na uku ya ɗauke mu awa biyu, har sai da wasu masunta ƴan Benin suka zo da igiya. Babbansu ya kalli jirgin ya ce, "Ɗan'uwa, gaba akwai duwatsu. Ku tsaya nan har ruwa ya dawo."

Na ce, "Wa zai tsare mana shi wata uku a nan?"

Idi ma ya so mu tsaya. Ni na ce mu ci gaba, wannan laifina ne.

Ƙarfe uku da kwata, saura kamar kilomet bakwai mu isa, muka ji gum. Faifan ya daki dutse. Jirgin ya tsaya cak, ya karkata. Na buɗe ɗakin, na ga ruwa yana ɓuɓɓugowa tsakanin gadajen biyu. Inda ƙarfen ya haɗu da ciki ya tsage kamar taku biyu. Ranar shekara goma sha ɗaya ta riga ta gasa shi.

Na yi abin da na iya. Na cusa auduga da kwalta, suka fita. Na buga allo a kai, ƙusa ta ƙara tsaga wurin. Duk abin da na koya a shekara talatin bai yi aiki a jikin wannan jirgi ba. Idi ya riƙe hannuna ya ce, "Ya isa, Sani. Mu ceci injin mutane."

Bai nutse duka ba, don an cika kansa da gindinsa da wani farin soso. Ya kwanta dai a gefe ɗaya, ruwa ya rufe tagogin hagu. Muka ja injin zuwa gaɓa. Wasu Fulani da ke kiwo a fadama suka ba mu fura da wurin kwana.

Alhamis: komawa gida

Da safe na kira wani mai gyaran tankunan ruwa a Gaya, wanda aka ce ya san fibar. Ya ce sai an fitar da jirgin tudu ya bushe sati biyu, kuma danƙon daga Kwatano ta ƙasar Benin yake zuwa, tun da aka rufe gadar Malanbil bai ƙara ganinsa ba. Na koma bakin ruwa. Igiyar ruwa ta kwana tana goga shi a dutse, tsagar ta kai har ƙarƙashin gado.

Ƙarfe tara muka sami amalanken shanu mai zuwa Tunuga, muka ɗora injin. Ƙarfe ɗaya muka ƙetara zuwa tsibiri. Matan gari sun share mashigi, samari sun kafa sabon turke na ɗaure jirgi, har an shimfiɗa tabarmi. Da suka gan mu mu biyu a kwale-kwalen aro, sai samari suka zo suka kama mana igiya. Mai gari ya ce, "Kun dawo da ranku, alhamdulillahi." Matata ta karɓi jakar kayan aikina, ta wuce gaba.

Ina godiya ga Allah da ya maido mu. Ina godiya ga Hajiya Bibata, da masuntan da suka ja mu, da Fulanin da suka ba mu masauki, da Idi da har yau bai ce mini ai na faɗa maka ba. Saura sati shida ruwan sama ya sauka, kuma mata huɗu ne ke da ciki a tsibirinmu. Wanda ya karanta wannan ya sa su a addu'a.