Daɓen Sojoji a Dajin Bama

A gidanmu na ƙauye, yamma da Wagini, komai yana da lokacinsa, har hira. Idan an gama girbi, hatsi ya shiga rumbu, sanyi ya fara sauka, sai a shiga watannin zama bakin wuta. Tsarin kuwa ba ya canzawa. A yi sallar magariba, a ci tuwo, 'yan mata su wanke kwanuka, mu maza mu ɗebo kara daga bayan danga. Sai an idar da isha'i sannan Iya Kande, kakarmu ta wajen uba, take fitowa da 'yar kujerarta da ƙwaryar gyaɗar ɓara. Wanda bai sa hannu a ƙwaryar ba, ba shi da rabo a labari. Manya su zauna nesa kaɗan, ƙanana kusa da ita, inda hannunta zai kai kunnen mai gyangyaɗi.

Yawancin abin da take ba mu na kura ne da biri da sarakunan da ba a san garinsu ba. Amma akwai labari guda da ba ta bayarwa sai mun roƙa, kuma ba ta buɗe shi yadda take buɗe sauran. Sai ta ce, “Ku gyara zama, mazajena. Wannan ba ƙirƙirarsa aka yi ba, mai shi yana jin mu.”

Mai labarin shi ne kakanmu, wanda gari ke kira Baba Soja. Yana zaune can bakin turakarsa a kan buzu, ƙafar hagu a miƙe domin ba ta lanƙwasuwa, yana jan carbi kamar ba ruwansa da mu. Iya ba ta taɓa faɗin sunansa ba, sai dai ta ce “kakanku”. Shi kuma bai taɓa ba kowa labarin yaƙi da bakinsa ba. Duk abin da ta sani, daga wanta Tanko ta ji shi, wanda suka tafi tare suka dawo tare.

Ga yadda take jero shi. Lokacin da Turawan Ingila ke mulki, yaƙi ya ci musu tura, suka zo neman samari. Aka ɗauki kakanmu da Tanko rana ɗaya, ita tana amarya ko goyo ba ta yi ba. Aka koya musu fareti da harbi, aka zuba su a jirgin ruwa, aka kai su wata ƙasa da ake kira Bama don su yaƙi mutanen Japan. Daji ne wanda ba hanyar mota ko ta jaki. Abinci ma daga sama jirgi ke sako musu shi da laima, kaya kuma a kai ake ɗauka. A can ne harsashi ya sami kakanmu a cinya. Ciwon ya kumbura, ya fara wari, zazzaɓi ya rufe shi. Mai magani ya duba ya ce abin ya fi ƙarfin abin da ke jakarsa. Ko dai a kai shi babban asibitin soja da ke bayan duwatsu kafin jibi, ko kuma a fara neman wurin da za a haƙa masa kabari.

Hanya ɗaya ce, ƙaramin jirgin da ke kwasar masu rauni. Jirgin kuwa na Amurkawa ne, matuƙinsa ma Ba'amurke. A nan Iya takan tsaya ta yi mana bayani, don ba mu san bambancinsu ba. Ta ce Ingila da Amurka uba ne da ɗa. Ɗan ya girma ya ƙi biyan uban haraji, suka yi yaƙi tun zamanin kakannin kakanni, ɗan ya ware gidansa. Yanzu gobara ta haɗa su suna ɗibar ruwa tare, amma kowa na hararar kowa.

Kyaftin ɗinsu, Baturen Ingila, ya nuna wani fili a bakin kogi ya ce a gyara shi kafin gobe da hantsi jirgi zai sauka. Ya bar aikin a hannun Tanko, wanda a lokacin kofur ne, shi kuma ya koma bakin daga da sauran sojoji.

To, waɗanda aka bar wa aikin duk manoma ne, Katsinawa da Zamfarawa da 'yan Kanawa kaɗan, ba wanda ya taɓa ganin inda jirgi ke sauka. An ce musu a gyara fili, su kuwa sun san gyaran fili. Da farko suka yi sassabe da adduna. Na biyu suka tumɓuke kututture. Na uku suka tsince duwatsu. Sai suka tsaya suka yi shawara, suka ce abin da zai faɗo daga sama ai laushi yake so, kada ya fashe. Suka sa diga da shebur suka kafce filin nan kaf, suka farfasa hoge, suka baje ƙasar ta yi lubus kamar za a yafa irin albasa.

“Wallahi da gero aka zuba a wurin,” in ji Iya, “da an ci da rundunar Ingila har ƙarshen yaƙi.”

Da hantsi jirgi ya zo. Suka yi layi suna jiran yabo. Ba'amurken ya sauko ƙasa ƙasa, ya zaga filin, ya sake zagawa, ya ɗaga ya tafi abinsa. Ba a jima ba Kyaftin ya iso, ya taka filin, takalminsa ya nutse har idon sawu. Ya dafe kai. Aka haɗa shi da matuƙin ta wayar iska, suka yi ta sa-in-sa da harshensu. Tafinta ya gaya wa su Tanko cewa Ba'amurken ya ce shi jirgi aka ba shi, ba garma ba, kuma ba mamaki mutanen da kakanninsa suka kora su kasa gyara fili ɗaya. Kyaftin ya yi ja kamar gauta, ya ce masa ya dawo gobe warhaka zai ga abin da sojojinsa za su yi. Ba'amurken ya ce zai dawo sau ɗaya tak, in ya ga gona ba zai ƙara ɓata mansa ba.

Kyaftin ya tara su. Bai zagi kowa ba, domin ya san shi ne bai yi bayani ba. Ya ce jirgi da ƙafa yake gudu kafin ya tsaya, ƙasa mai tauri yake so. Tafinta ya rasa yadda zai faɗa su gane, sai ya ce, kamar tsakar ɗakin amarya.

Kowa ya gane, kowa kuma ya sunkuyar da kai. Ba wanda bai san yadda ake taurara tsakar ɗaki ba: a zuba tsakuwa, a yayyafa ruwa, a durƙusa a yi ta bugu da madaɓi ana waƙa. Amma a ƙasarmu daɓe aikin mata ne. Namiji ko leƙawa ba ya yi, balle ya riƙe madaɓi. Wanda aka gani yana yi, sunan da za a laƙa masa har jikokinsa sai sun gaje shi.

Sai suka nemi hanyar maza. Suka jeru suka yi ta fareti a kan filin, gaba da baya, har azahar ta wuce. Takalma suka bar ramuka, wani wuri ya danne, wani ya tashi, ya zama kamar inda shanu suka kwana da damina. Wani Bazamfare, ƙato mai tsage, ya ce shi dai ya yi iya yinsa. Ya ce ya yarda a harbe shi, amma ba zai koma gida a ce ya ƙetare teku ya je ya yi daɓe ba, wa zai ba shi 'yarsa?

Tanko ya je inda kakanmu ke kwance a gindin bishiya, ya same shi bai ma san wanda ke kansa ba, yana ta sambatu yana kiran awakin gida. Ya tsaya ya dube shi. Daga nan ya ɗauki adda ya sare reshe mai kauri, ya sassaƙe gefe ɗaya ya yi faɗi. Ya cika hular ƙarfensa da tsakuwar bakin kogi ya watsa a kusurwar fili, ya yayyafa ruwa. Ya tuɓe rigarsa mai igiyar kofur, ya ɗaura bargo a ƙirji kamar zane, ya durƙusa.

A nan Iya takan ajiye gyaɗa ta tashi tsaye, duk da ciwon gwiwarta, ta kwaikwayi wanta.

“Ya ce, ‘Ni ƙanwata na baro da alkawarin zan mayar mata da mijinta. Daga yau sunana Tankuwa. Wadda ba ta jin kunya ta zo ta kama mini, 'yan uwa mata.’”

Ya maƙale murya ya ɗauko waƙar daɓen da yake ji wurin uwarsa, yana bugu yana rangaji. Aka kece da dariya har da masu rauni. Wani Bakano ya ce ai ba a barin amarya ta yi daɓe ita kaɗai, ya saro nasa reshen. Wani ya bi. Kafin la'asar sakaliya sun yi sahu tun daga wannan gefe har wancan, wasu na jidar tsakuwa, wasu na ruwa, sauran a durƙushe suna bugu tare suna amshi. Bazamfaren nan ne na ƙarshe. Ya zo yana ƙunƙuni, ya ce duk wanda ya kai labarin nan gida Allah ya isa. Iya ta ce a ƙarshe muryarsa ta fi ta kowa zaƙi.

Suna cikin haka sai ga ruri daga gabas, jiragen Japan guda biyu. Kowa ya watsar da madaɓi ya faɗa cikin itatuwa. Jiragen suka sauko suka yi ɓarin wuta a kan filin, suka juya za su sake. Sai ga na Ingila sun faɗo musu daga cikin rana, inda ido ba ya iya kallo. Iya takan yi wannan da tafin hannuwanta biyu a saman wuta, ɗaya na bin ɗaya, inuwarsu na yawo a jikin bango, tana yi musu kuka da baki. Suka yi ta kewaya juna kamar shaho da hankaka. Ɗaya na Japan ya fara hayaƙi, ya karkace, ya faɗa bayan dutse, ƙasa ta girgiza. Ɗayan ya ga ba dama ya miƙe gabas, ana bin sa. Tun ƙarar ba ta gama ɓacewa ba Tanko ya fito yana gyara ɗaurin zanensa, ya ce maza sun gama nasu a sama, mata a koma aiki. Suka cike ramukan harsashi, suka ci gaba, ba su tsaya ba sai da fili ya yi santsi yana ƙyalli.

Washegari Ba'amurken ya dawo. Ya zaga sau ɗaya, ya sauko, ƙafafun jirgi suka taɓa ƙasa suka gudu sumul har ya tsaya. Ya diro ya doki ƙasar da dunduniya, ya sake doka, ko alama ba ta yi ba. Ya tambayi Kyaftin ina ya samo injin danne ƙasa a wannan daji. Kyaftin ya nuna masa sojoji tsaye a layi, kowa da guntun icce a kafaɗa kamar bindiga. Aka ɗauko kakanmu aka sa a jirgi. Bayan shi, a filin nan aka kwashe masu rauni da yawa, har da Turawa.

Idan ta kawo nan mukan yi ta tsalle muna tafi, ko da yake mun ji labarin ya fi a ƙirga, ga kuma mutumin a zaune muna ganinsa. Sai ta ɗaga murya ta ce wai ko akwai gyara? Kakanmu yakan yi gyaran murya ya ce shi bai ga komai ba, yana kwance. Amma sau ɗaya na ji ya ƙara da cewa waƙar kam ya ji ta, ya ɗauka ya riga ya mutu ne ana yi masa maraba. Iya ta ce to labari ya ƙare, kowa ya kwashe ɓawonsa ya zuba a wuta.

Ina yaro, faɗan jiragen nake jira. Sauran duk ina ɗaukarsa abin dariya ne. Na girma, na yi 'yar firamare, na zama tela, na kuma zama mutum mai tsanani a kan abin da ya dace da namiji da abin da bai dace ba. Su Iya duk suka rasu. Da rashin zaman lafiya ya tashe mu daga ƙauye muka dawo cikin garin Batsari, ba a daɗe ba uwar 'ya'yana ta sami shanyewar ɓarin jiki. 'Ya'yanmu mata suna gidajen mazajensu, wata a Safana, wata a Katsina, kowa da nata nauyin. Gidan haya ne, tsakar gida ɗaya da mutane. Dole wani ya yi daka, ya hura wuta, ya wanke mata zannuwa ya shanya a igiyar da kowa ke gani.

Ranar farko na daɗe tsaye a bakin turmi. Ba nauyin taɓarya ne ya tsayar da ni ba, idon maƙwabta ne. A nan na fahimci abin da ya fi wuya a filin nan na Bama. Mutanen da suka tsaya gaban harsashi ba su gudu ba, guntun icce ya kusa gagararsu, har ran ɗan'uwansu ya kusa tafiya a kai. Na kuma fahimci dalilin da ya sa Tanko ya ɗaura bargo ya sauya suna: ya riga kowa yi wa kansa dariya, sai ya zama ba abin da ya rage wa mai zunɗe.

Na ɗauki taɓarya. Wani mahauci maƙwabcinmu ya leƙo ya ce, “Malam Sani, yau kai ne da girki?” Na ce masa ni ne, gobe ma ni ne, in matarsa na da sauran daddawa ta sam mini. Ya yi dariya ya tafi, da yamma ya aiko da ƙashin miya.

Shekara biyu na yi a haka, a kan tsari: asuba wanka da magani, hantsi shago, azahar girki, la'asar in riƙe ta mu taka daga ɗaki zuwa zaure. Yanzu tana zuwa zauren da sandarta ba mai riƙe ta. Makon jiya ta karɓe muciya daga hannuna, ta ce ta gaji da cin tuwo mai gudaji.