Takalma a Ƙofar Zauren Al'adu

Cikin duk shekarun da na yi ina ɗaukar hoto a gidan talabijin, ranar da ta ƙi fita daga raina ita ce ta buɗe sabon zauren al'adu a Mubi, bayan mutane sun dawo daga gudun hijira. Ginin zamani ne, gilashi da siminti ba fenti, ƙasa kuwa farin tayil fes. An tura mu shirya fim a kansa, ni da furodusa Oga Bitrus, wato mai ikon cewa a ɗauki wannan, a bar wancan. Ni a lokacin ma'aikacin wucin gadi ne, kuma da wannan fim za a duba ko a tabbatar da ni.

Wanda ya zana ginin ya ce hoton ƙofar shiga yake so, wayam ba kowa. Amma da mutanen Gella da Mugulbu suka ga tayil ɗin nan, sai kowa ya tuɓe takalmi kamar zai shiga masallaci. Kafin ka ce kwabo, silifas da takalman roba sun rufe matakala.

Oga ya hau faɗa. "Sa'idu, kwashe mini wannan shara!"

Raina ya ɓaci, amma mai neman aiki ba ya musu. Na sunkuya ke nan, sai wata tsohuwa ta riƙe mini hannu.

"Ɗana, kar ka taɓa. Ranar da mun gudu, a mayo, wajen tsallake kogi, takalmina ya fita, ban juya ba. Yau ni na ajiye shi da kaina, zan fito in same shi."

Na miƙe na kunna kyamara, na bi takalman nan ɗaya bayan ɗaya.

"Ka san abin da kake yi kuwa?" in ji Oga.

"Oga, in bai yi ba, ka sallame ni."

Da takalman muka buɗe fim ɗin. Ranar da aka haska shi a zauren, sai mata suka ɓarke da guɗa, ana ta nuni, "Ga nawa! Ga na Baba!" Mai zanen ginin ya tashi yana tafi. Oga Bitrus kuwa, da aka yaba, cewa ya yi dama shawararsa ce. Na bar masa, tunda da hannunsa ya miƙa mini takardar tabbatarwa.

Shi ya sa nake gaya muku, ku masu tasowa: abin da aka ce ku kawar daga gaban kyamara, ku fara tambayar mai shi.