Ranar da Kawu Buba Ya Ba da Aro

Duk wanda ya taɓa mayar da littafi laburaren unguwarmu a Azare ya san hancin Kawu Buba. Ba ya karɓar littafi ya ajiye haka kawai. Sai ya riƙe shi da hannu biyu, ya rufe ido, ya buɗe tsakiya, ya cusa hanci ya ja numfashi, kai kuwa kana tsaye kana jiran hukunci. Ni 'yar ƙanwarsa ce, kuma a ƙarƙashinsa na yi aiki, don haka na sha ganin manya da rawunansu suna haɗa gumi a gaban teburin nan.

Na tuna wani malamin firamare daga Disina, bawan Allah mai ladabi, ya dawo da littafin da ya ara. Kawu ya sunsuna.

"Albasa," ya ce.

"Wallahi Malam, a cikin jaka yake."

"Jakar a ina take?"

"A bayan mashin."

"Me ke bayan mashin ɗin?"

Malamin ya sunkuyar da kai. "Buhun albasa."

"Madalla. Ka dawo aro bayan damina."

A lokacin kuwa ko hadari ba a fara gani ba!

Wannan fa littattafan zaure ke nan, waɗanda ya yarda a taɓa. Akwai na ɗakin baya, tsofaffin littattafai na Hausa da Fillanci da ajami, wasu ya tsinto su a gidajen da aka raba gado, wasu ya saya da kuɗin aljihunsa yana tafiya da takalmi a yage. Mabuɗin ɗakin a wuyansa yake kwana. In ka roƙe shi aron ɗaya, sai ya dube ka tun daga hula har takalmi, ya ce, "Littafi ba ya son yawo." Shi ke nan, an gama magana. Ni kaina da nake jininsa, sai dai in shiga da tsintsiya in fito da tsintsiya.

To, sai kwamitin laburare ya samo tallafi, aka ce za a mayar da komai kan kwamfuta. Aka kafa sola, aka kawo kwamfutar tafi-da-gidanka, da wata 'yar na'ura mai jan haske irin wadda ake haska kaya da ita a manyan kantuna. Kowane littafi za a manna masa sitika mai lamba, kowane mai aro a ba shi kati. In aka haska kati aka haska littafi, na'ura ta yi ƙit, shi ke nan ta rubuta wane ya ari kaza. Ni aka tura koyo, ni aka damƙa wa aikin.

Ranar da injiniya ya zo daga Bauchi yana nuna mana, Kawu ya zagaya kwamfutar yana kallonta a kaikaice.

"Yaro, tana jin wari?"

"A'a, Baba."

"Ƙanshi fa?"

"Ba ta ji."

"To, alhamdu lillahi, har yanzu ni ne babba a nan."

Tun daga ranar ya sa mata suna Baƙuwa. Da yamma ya lulluɓe ta da tsohuwar rigarsa, wai kada ta ga abin da bai shafe ta ba. Manna sitika kuwa, sai da muka yi kamar za mu raba zumunci. Ya ce littafi ba gwangwanin madara ba ne. Da ƙyar ya buɗe min ɗakin baya, yana tsaye a kaina, duk sitikar da na manna sai ya yi tsaki, in ransa ya ɓaci sosai ya koma Fillanci don kada in gane zagin.

Abin da ba mu lura da shi ba, a cikin tsarin da kwamiti ya rubuta akwai wata doka. Duk littafin da ya shekara kwamfuta ba ta ga an are shi ba, za a fitar da shi. Dalilinsu kuwa ba na banza ba ne. Shugaban kwamiti, Alhaji Sabo, so yake a samu ɗakin da za a jera kwamfutoci, yaran unguwa su riƙa gwajin jarrabawar shiga jami'a, maimakon su je ɗakin jarrabawa ba su taɓa riƙe linzamin kwamfuta ba. Kawu da hannunsa ya sa hannu a takardar, bai karanta ba, saboda a cewarsa takardar da ta fito daga cikin Baƙuwa ba karatu ba ce.

Shekara ta zagayo, kwamiti ya zauna, aka ce in latsa a gani. Na latsa. Littattafan ɗakin baya kaf, babu wanda aka ara ko sau ɗaya.

Alhaji Sabo ya gyara zama. "To, Malam Buba, ka gani da idonka. Waɗannan babu mai son su. Na riga na yi magana da Ɗanliti mai tsire, zai kwashe su a kan sikeli."

Ku da kuka san Kawu, ku yi tunanin fuskarsa da ya ji littattafansa za su koma naɗe tsire. Ya miƙe tsaye, hularsa ta karkace.

"Wa ya ce ba a so? Ana so! Kullum sai an zo nema!"

"To me ya sa ba a ara ba?"

"Ni nake hanawa!"

Wani ɗan kwamiti ya toshe bakinsa da hannun riga, kafaɗarsa na rawa. Ni kam dariyar ba ta zo min ba, don na san Kawu ba wasa yake yi ba. Alhaji Sabo ya ce doka doka ce, ba zai karya ta don mutum ɗaya ba, amma shekarar ba ta cika sai ranar Juma'ar ƙarshen wata. Duk wanda aka ara kafin nan ya tsira. Wanda ya rage, bayan an sauko masallaci Ɗanliti zai zo da baro.

Da suka watse na matsa kusa da shi na rage murya. "Kawu, abin nan fa da sauƙi. In ɗauko katunan mutane in yi ta haskawa, Baƙuwa ta rubuta an ara, littattafai suna nan a kantarsu."

Ya harare ni. "Rabi'atu! In yi wa na'ura ƙarya? Ita ba ta da lahira, ni ina da ita."

"To ya za mu yi?"

Ya daɗe yana murza mabuɗin da ke wuyansa. Can ya ce, da wata irin murya kamar ana cire masa haƙori, "Nemo mana baro."

Jama'a, abin da Azare ta gani a kwanakin nan! Mutumin da ya yi shekara da shekaru yana korar masu aro, ga shi a tsakiyar kasuwa yana tare mutane da littafi. Shi ke tura baron, ya ƙi a kama masa, ya shimfiɗa bargo a ƙasa ya rufe saman da zani. Ni ina biye da kwamfuta a jaka da 'yar na'urar haske. Matsalar ita ce mutum ɗaya ba ya wuce littafi uku, haka aka saita Baƙuwa, littattafan kuwa ɗaruruwa ne. Ga batir ba ya kai mu la'asar, sai mu koma a guje mu jona a sola.

Kuma ko a wannan halin Kawu bai bar halinsa ba. Mun tsaya a teburin Isuhu mai shayi, mutum ya yarda zai ara, har ya miƙo hannu, sai Kawu ya janye littafin.

"Nuna min tafin hannunka."

"Haba Malam, kai fa ka zo wurina!"

"Bota ce wannan. Je ka wanke."

Na ce, "Kawu, don girman Allah, lokaci!" Ya ce lokaci bai fi tsabta ba. Isuhu ya wanke hannu har da sabulu yana ƙunƙuni, na haska, na'ura ta yi ƙit, Kawu ya runtse ido kamar an mintsine shi.

A shagon Oga Emeka mai kayan gyaran mashin, wanda ya fi wasunmu iya Hausa, Kawu ya ɗora masa littafin Fillanci. Oga Emeka ya juya shi sama da ƙasa.

"Malam, ni ko gaisuwar Fillanci ban iya ba."

"Shi ya sa na zaɓe ka. Ba za ka buɗe shi ba balle ka ɓata shi."

Na shiga gidaje na raba wa mata, malaman Islamiyya suka turo ɗalibansu manya, direbobin Itas da Shira suka karɓa suka sa a gaban mota, Kawu na bin su da gargaɗin kada su ajiye kusa da jarkar mai. Malamin nan na Disina ma da ya ji labari ya zo da kansa. Kawu ya leƙa bayan mashin ɗinsa tukuna kafin ya ba shi. Kullum da yamma sai ya shiga ɗakin baya ya tsaya yana kallon kantocin da ke ta yin fili. Abinci ma ya daina ci sosai, matarsa ta kira ni tana tambaya ko wani ne ya rasu a wurin aiki.

Juma'ar ta zo. An sauko masallaci, muna da saura uku, duk na ajami ne, waƙoƙin wa'azi rubutun hannu, waɗanda Kawu ya fi ji da su. Da gangan ya yi ta mayar da su ƙasan baro, yana cewa bai ga hannun da ya dace ba, har muka wayi gari babu sauran hannu. Katina ya cika, nasa ya cika, duk wanda muka sani ya cika. Titi babu kowa, mutane sun shige cin abinci. Ga Alhaji Sabo a bakin ƙofa yana duba agogo, ga Ɗanliti ya iso da baronsa da sikeli a rataye.

Kawu ya dubi Alhaji Sabo. "Alhaji, ka ara."

"Ni na kafa dokar, Malam Buba. In na ara, gobe a ce na yi son kai."

Batir ya fara nuna ja. Na ce, "Kawu, Baƙuwa za ta mutu." Ɗanliti ya sauke sikeli, ya miƙo hannu zai ɗauki littattafan, hannun nan ya sha mai da ƙuli da yaji har ya rine. Kawu ya rungume su a ƙirji. Wallahi na zaci faɗuwa zai yi. Sai na ji ya ce:

"Ɗanliti, kana da kati?"

"Katin me, Malam?"

"Rabi'atu, yi masa kati."

Ɗanliti ya ja da baya. "Malam, ni saye na zo yi. In na ara, da me zan naɗe nama?"

"Da jarida, kamar kowane mai tsire mai mutunci! Ka yi allo?"

"Na yi mana, har na kusa sauka."

"To ka fi rabin garin nan cancanta. Karɓi."

Nan take na buga sunansa. Na haska na farko, ƙit. Na biyu, ƙit. Na uku ya ƙi, sitikar ta lanƙwashe. Na miƙar da ita da farce, na sake haskawa, ya ƙi. Kawu ya fara salati a fili. Na goge ta da gefen hijabi, na haska, ƙit, ko numfashi ban sauke ba fuskar kwamfutar ta yi baƙi. Kawu ya miƙa wa mai tsire littattafan nan da hannunsa, bai ce ya wanke hannu ba, ya juya ya shige ciki. Ɗanliti ya tafi da baro babu komai, littattafai uku a hammata.

Alhaji Sabo ya bi Kawu ciki ya ce, "To ka ci. Yaran nan fa, a ina za su zauna?" Kawu ya nuna ofishinsa, wanda ko shugaban kwamiti ba ya shiga sai da sallama. Ya ce a kwashe teburinsa a jera kwamfutocin a can, shi kujera a bakin ɗakin baya ta ishe shi.

Sai littattafai suka fara dawowa, hanci ya koma bakin aiki. Na Isuhu shayi, na direbobi fetur, na Oga Emeka kuwa fes, ko buɗe shi ba a yi ba. Amma kowa Ɗanliti yake jira. Ranar da ya shigo, har yaran da ke kan kwamfuta suka daina latsawa. Tun daga ƙofa muke jin hayaƙi. Kawu ya karɓi na sama, ya buɗe, ga shatin babban yatsa na mai a gefen shafi. Ya buɗe gaba, ga wani. Ya yi ta buɗewa har bangon ƙarshe, ko'ina akwai. Na ce yau sai Allah. Ya rufe ido, ya cusa hanci, ya ja numfashi mai tsawo.

"Hayaƙi," ya ce. "Man gyaɗa. Yaji." Ya buɗe ido. "Har ƙarshe ka kai?"

"Har ƙarshe, Malam. Da dare in kasuwa ta lafa nake rera wa masu jiran nama. Wani tsoho har kuka ya yi, ya ce rabonsa da jin waƙar tun bakin kakarsa. Akwai ci gabanta?"

Kawu ya juya mana baya yana goge ido da hannun riga, ya ce, "Yajinka ya yi yawa, Ɗanliti." Sa'an nan ya cire mabuɗin daga wuyansa, ya buɗe ɗakin baya, ya ce masa ya shiga ya duba da kansa. Har ya bar duniya bai sake kulle ɗakin ba.

Bara ya rasu, bayan 'yar gajeriyar jinya. A zaman makoki Ɗanliti ya zo da littafi a hammata, ya ce wa'adin littafin ya cika, ba ya son Malam ya ji an makara. Na karɓa, kafin in ankara na kai shi hanci. Hayaƙi ne da yaji, kuma a nan ne kukan da nake ta riƙewa ya ƙwace min.

Allah ya jiƙan Kawu Buba, ya yafe masa tsakinsa da harararsa, ya karɓi aron da ya bayar yana jin zafinsa. Allah ya buɗe masa ƙofa kamar yadda ya buɗe tasa daga ƙarshe, ya shaƙar da shi ƙanshin Aljanna. Amin.