Kalmar da Na Faɗa a Hanyar Assekrem

Ko na tsufa har na manta sunayen abokan karatuna, ba zan manta da ranar da muka je ganin zaitun daji a hanyar Assekrem ba.

Ina shekarar ƙarshe a jami'a a nan Tamanrasset, ina karatun ilimin halittu. Malamin da ke duba bincikena kan ganyen zaitun daji dattijo ne mai sanyin murya, shi ya koya mana yadda jinsi ke fitowa daga jinsi. Mu ɗalibai muka tafi da shi da wata malama, muka zauna gindin wata bishiya da ta tsaga dutse ta fito. Cikin raha ya ce kowa ya faɗi sunan wannan ka'ida ta fitowar jinsi da harshen gidansu. Da aka zo kaina na ce, "Mu Hausawa juyin halitta muke cewa."

"Halitta?" Ya ajiye kofin shayinsa. "Ba khalk ɗin Larabci ba ne, aikin Mahalicci?"

"Shi ne, Malam."

"To, 'yata, harshenku ya fi ni ƙarfin hali."

Sai ya shiga magana. Ya ce ya daɗe yana koyar da abin da zuciyarsa ta daina yarda da shi. Sauyi yana iya ƙanƙanta ganye don ya jure fari, amma abin da ke cikin ƙwayar rai rubutu ne a tsare, kuma bai taɓa ganin iska ta yi rubutu ba. Akwai mai tsarawa.

 Na ji kamar dutsen da na jingina da shi ne ya motsa.

Malamar ta miƙe. "Ni ma ina sallah, Malam. Amma wannan ba ya shiga ma'auni. Kawo hujja, ba waƙa ba!"

"Ke kawo mini farkon rubutun."

A haka muka shiga mota muka koma gari.

Bayan kwanaki Malam ya nemi in sa babi guda a bincikena kan ra'ayinsa. Malamar ta tare ni a ƙofar buro, wato ofis, ta ce in na sa, alƙalan jarrabawa za su kayar da ni, shekarata ta tafi. Na yi kuka, don maganarsa ta yi mini daɗi kamar ruwan sama. Amma ganye na auna, ban auna mai tsarawa ba. Na gaya masa haka, na ce ba zan sa babin ba.

Ya ce, "Nemi wani ya sa miki hannu."

A hannun malamar na gama. Shi kuwa bai ƙara amsa gaisuwata da "'yata" ba.

Abin da na koya shi ne, abin da zuciya ta gaskata daban, abin da hannu ya auna daban, kuma raba su yakan ci maka mutumin da kake ƙauna.