Yadda Na Fara Kashe Mutum a Takarda

Shekarar da idon Baba ya rufe ne na fara karanta masa littattafan wata Baturiyar Ingila. Kafin nan ni kaɗai nake karanta abina. A bakin babbar kasuwa nake samun su, wurin masu shimfiɗa tsofaffin littattafai a ƙasa, fassarar Faransanci, takardunsu duk sun yi ja. Tafiyarsu kusan ɗaya ce: an kashe wani a cikin gida, kowa a gidan yana da abin da yake ɓoyewa, sai mai bincike ya zo ya bi su da tambaya ɗaya bayan ɗaya har gaskiya ta fito.

Ban san komai game da matar ba sai abin da ke bayan littafin. Hoton wata dattijuwa mai furfura da tabarau, da 'yan layuka da ke cewa ta daɗe tana aikin ofis, tana rubutu da sassafe kafin ta fita, kuma ba ta daina ba har tsufa. Ni ma aikin ofis nake yi, in za a kira shi haka. Ina buga wa mutane takardu a wani ɗan shago a unguwar Kabalaye, takardar neman aiki, takardar sayar da fili, duk da Faransanci.

Baba kuwa ɗan kasuwa ne tun tasowarsa, goro da atamfa, kullum yana hanyar Ngueli, inda gadar kan iyaka take. Da yanar ido ta rufe masa gani sai ya koma zaman tabarma a gindin darbejiyar tsakar gida. Mutumin da ya saba da hayaniya, shiru ya fara cin sa. Wata rana bayan la'asar ina zaune kusa da shi, ya ji motsin takarda.

"Me kike karantawa ne, uwata?" Haka yake kirana, don sunan mahaifiyarsa aka sa mini.

"Labarin kisa ne, Baba. An kashe wani attajiri."

"Wa ya kashe shi?"

"Ban kai wurin ba tukuna."

"To koma farko, mu je tare."

Baba ba ya jin Faransanci, sai ɗan abin da ya tsinta a bakin ma'aikatan duwan, wato kwastan. Don haka ina karantawa da ido, ina faɗa masa da Hausa, inda Hausar ta ƙi zuwa in cike da Larabci kamar yadda muke yi a gida. Ba ya barin ko shafi ɗaya ya wuce lafiya. Sai ya ɗaga hannu ya ce, "Tsaya. Waccan matar ta amsa abin da ba a tambaye ta ba. Riƙe mini ita." Sau da yawa yana dacewa. Ranar da ya faɗi kuwa dariya yake yi har da tari. "Kalas, shi ke nan, ta kayar da ni! Wannan Baturiya ta san mutane. Da goro take sayarwa da ba a haifi mai cutar ta ba."

Muna cikin littafi na huɗu yayana ya same mu wata Juma'a. Malami ne a lise, wato babbar sakandare, adabin Faransanci yake koyarwa, kuma duk gidan ana jin nauyinsa saboda karatunsa. Ya tsaya ya saurara kaɗan, ya karɓi littafin daga hannuna, ya juya shi.

"Ke, me kike cusa wa Baba a kunne? Irin waɗannan a tashar mota ake karanta su a yar. Dattijo kamarsa, a zauna ana ba shi labarin guba da gawa?"

Kafin in buɗe baki Baba ya riga ni. "Karatuna na yi shi da asuba, wuridina ma na yi. Wannan lokacin nawa ne. Kai da kake da littattafai masu daraja, yaushe rabon da ka zauna ka karanta mini layi ɗaya? Ba ta abinta. A labarin an bar mu a ɗakin girki da mai dafa abinci, kuma ƙarya take yi."

Yaya ya miƙo mini littafin.

Kafin damina ta faɗi littattafan suka ƙare. Na zagaya masu sayarwa duka, babu wani nata da ba mu karanta ba. Na kawo na wasu marubutan, Baba ya ce harbe-harbe ne kawai, babu mutane a ciki. Zaman la'asar ya fara komawa shiru. A nan ne na ce wa kaina, dattijuwar nan da hannu biyu ta rubuta, ni ma biyu gare ni.

Da tsakar rana, lokacin da zafi ke korar masu kawo aiki, na fara buga nawa. Injin shagon bai san ƙ da ɗ da ɓ ba, sai na fitar da takarda in bi su da biro ina sa musu ƙugiya. Labarin wani mai goro ne da aka tarar ya mutu a shagonsa kusa da gada, kofin shayi a gabansa. Mai binciken kuma ba ɗan sanda ba ne, wata tsohuwa ce mai kawo tukwane daga ƙauyen Gaoui, wadda take shiga kowane gida ba wanda ke lura da ita.

Na karanta wa Baba ban gaya masa na wane ne ba. Ban gama shafi na biyu ba ya ce, "Wannan ba Baturiyar ba ce. Ina ta san huhun goro?" A shafi na biyar ya faɗi mai kisan. Na ji kamar in yi kuka. Ya ce, "Kin ɓoye shi da yawa, uwata. Kowa kin zarge shi sai shi kaɗai. A kasuwa wanda ya fi kowa tsabta shi nake fara dubawa. Je ki sake." Sau uku na sake shi a daminar nan. A na ukun sai da muka kai shafin ƙarshe yana riƙe da wanda ba shi ba.

Yaya ya ga takardun a kan tabarma. Wannan karon ya jira har na rako shi zaure.

"Wa zai karanta wannan? A garin nan wanda ya iya karatu, Faransanci yake karantawa ko Larabci. Hausa ta gida ce da ciniki. Kuma ke mace, 'yar gidan mutunci, ki zauna kina tsara yadda ake zuba wa mutum guba a shayi. Me mutane za su ce?"

Ban taɓa mayar masa da magana ba kafin ranar. Na ce, "Yaya, duk wanda na kashe a takarda na kashe shi, kuma sai an kama wanda ya yi. Hausar da ka ce ta gida ce, a cikin gida ake yin irin wannan kisan. Ba zan daina ba."

A abu ɗaya yana da gaskiya: masu karanta Hausar boko kaɗan ne a cikinmu. Sai na ɗauki waya na karanta labarin da muryata, babi-babi, na tura wa matan danginmu. Su suka tura gaba. Cikin 'yan makonni ya ƙetare gada. A wurin wani suna mata biyu suka tsare ni, wai sai na gaya musu ko ƙanen mai goron ne ya yi kisan, na ƙi. Wasu baƙi da suka zo daga Kano ba da daɗewa ba suka aiko cewa labarin ya yi, amma in tace Hausata, Larabci ya yi mata yawa. Ban cire ko kalma ɗaya ba. Haka mai goron zai yi magana, haka Baba yake yi.

Da zancen ya kai kunnen Yaya, sai ya zo da tayi. Zai mayar da shi Faransanci a buga shi littafi sosai, amma a cire gubar, mai goron ya mutu da baƙin ciki, ya zama labarin halin rayuwa. Na yi masa godiya, na ce gubar tana nan inda na zuba ta.

Gyaran da na karɓa daga wani wuri ya zo. Wata maginiyar tukwane a Gaoui, wadda maƙwabciyarta Bahausa ke fassara mata, ta aiko mini da saƙon murya da Larabci, tana faɗa. Wai na sa tsohuwata ta gina tukunya da safe ta gasa ta da yamma, kuma duk wadda ta yi haka tarkace za ta kwashe. In ina son rubuta aikinsu, in zo in gani.

Ranar Lahadi na hau babur na tafi. Na tarar da ita a bayan ɗakinta, hannu dumu-dumu cikin yumɓu. Ba ta tsaya doguwar gaisuwa ba, ta nuna mini wuri kusa da ita, ta dunƙulo yumɓu ta ɗora mini a tafi. Ta nuna mini tukwanen da ke shan inuwa tun kwanaki, ta sa na taɓa wadda ta bushe da wadda ba ta bushe ba. Abin da na gina ya karkace, ta rushe shi da tafin hannu ta ce in sake. Sai da rana ta yi sanyi na taso, zanena duk laka, da shafi shida da zan sake rubutawa.