Célestin, Fadan da Ba Fada Ba

Célestin Bourdarias ɗan mahauci ne daga wani ƙauye kusa da Tulle. Ya zo Paris yana saurayi, ya samu aikin kai faranti a gidan abincin da 'yan fim ke cika da rana. Ran nan wanda zai fito a matsayin fadan coci ya faɗo daga keke ya karye. Darakta ya ɗago kai daga kwanon miya, ya ga Célestin da sanƙonsa da kumatunsa, ya ce, "Kai, ajiye farantin nan, zo ka gwada wannan rigar."

Riga ta zauna masa daram. Daga ranar ya zama fadan finafinai. Shekara arba'in yana ɗaura aure, yana binne matattu, yana yi wa jarumai nasiha na minti biyu sannan ya fice. Kowa ya san fuskarsa, ba wanda ya riƙe sunansa.

Matarsa Ginette ba ta raga masa. "Ji mutumin da rabonsa da coci tun ranar aurenmu! Fada, taso ka fere dankali."

Sau ɗaya ya nace aka bar shi ya fito a ɗan fashi. Yana zaro bindiga silima ta kece da dariya. Ya dawo gida ya ƙi cin abinci kwana biyu, har da cukun da yake mutuwar so. Bai sake roƙa ba.

Yana da shekara sittin da 'yan kai, tsohuwar da ke saman benensu, Madam Vauzelle, ta kwanta ciwon ajali. 'Yarta ta sauko tana murza hannu, ta ce uwar na kiransa. Ya hau, ya tsaya bakin gado da hula a hannu.

"Mama, kin dai san ni ba fada ba ne. Wasa nake yi."

"Na sani mana, sakarai," in ji tsohuwa. "Na gasken ya zo jiya. Hannunsa sanyi ƙalau, sai duba agogo yake. Zauna ka riƙe min hannu yadda kake yi a fim."

Ya zauna. Ya laluba kansa ko zai tuno wata addu'a daga cikin waɗanda ya haddace, ya ji kunyar faɗin ko ɗaya. Sai ya kama ba ta labarin yadda babansa ke ciniki da masu shanu, tana dariya har tari ya sarƙe ta. Kwana tara yana hawa kullum da la'asar. Ranar da ta cika, Ginette ta tarar da shi zaune a matakala yana kuka, ta zauna gefensa, ba ta tsokane shi ba.

Da haddar maganganun fim ta fara gagararsa, suka koma ƙauye, ya kama noman tumatir. Can wata matashiyar darakta ta biyo shi har gona, tana son ya fito a fim ɗinta a matsayin kakan da zai zauna bakin ƙofa yana ɓarar wake, ba magana ko ɗaya. Ya yi, ya kuma ce bai taɓa shan wuyar aiki irin wannan ba. Fim ɗin ya fito da bazara, shi kuwa ya rasu wata biyu kafin nan. Ginette ta je ta kalla sau huɗu, kowane zuwa tana mitar cewa ya ɓarnatar da rabin waken.