Manhajar da na saka a kwamfutar 'yar kawuna

A lokacin ina shekarar ƙarshe a jami'a, muna haya a ɗaki ɗaya a Kwalkwalawa, kusa da makaranta, ni da 'yar kawuna. Sashenmu ɗaya, malamin da ke duba aikin bincikenmu ma ɗaya, amma kullum ita ake yabo. Kawu ya yi mata rajista a wani shafi da ake biya kafin a karanta littattafai da takardun bincike, ni kuwa sai dai in ga farkon takarda, sauran a rufe. Da yake wasan taubasai muke, takan ce in zo ta koya mini karatu. Sai in yi dariya kawai. Kishinta nake yi, ba zan ɓoye ba.

Wata rana wani ɗan ajinmu ya turo wata manhaja, ya ce tana buɗe kowace takarda kyauta. Ba ni da kwamfuta, sai na ari tata, na ce rubutu zan yi. Da na roƙe ta ta sauke mini takardun, da ta yi ba musu, amma ban so a ce da taimakonta na yi fice. Manhajar ta yi ta neman izini, ni kuma ina ta dannawa ban karanta komai ba. Na kwashe abin da nake so, na mayar mata da kayanta.

Ba a jima ba imel ɗinta ya ƙi buɗuwa. Daga nan duk abin da ke cikin kwamfutar ya kulle, har da aikin da ta kusa kammalawa. Masu shafin suka rufe rajistarta, suka gargaɗe ta cewa an kwashi kayansu ta haramtacciyar hanya da sunanta, kuma suna iya kai maganar gaban shari'a. Tana kuka ina ba ta haƙuri, kuma Allah Ya gafarta mini, wani sanyi na ji a raina.

Mai gyara ne ya gaya mata ranar da aka saka manhajar, wato ranar da na ari kwamfutar. Ta dawo ɗaki, ta daɗe tana kallona, sannan ta ce, "Da kin tambaye ni ai da na ba ki. Mi kinka ɗauke ni?" Aikinta bai dawo ba, sai da ta ƙara shekara. Na riga ta gamawa, kuma ranar da aka zo taya ni murna ita ta dafa wa baƙina abinci. Ba ta faɗa wa kowa a gida ba.

Na gane cewa masu raba irin wannan manhaja ba don Allah suke yi ba, abin da ke cikin na'urarka suke nema, kuma in magana ta tashi mai na'urar za a kama, ba su ba. 'Yan'uwana ɗalibai, ku je laburare, ko ku sauke girman kai ku tambayi wanda ya fi ku. Ni kunyar roƙo na guda, sai ga shi har yau na kasa haɗa ido da ita.